Bayani a kan Rigimar Ƙarin Girma a Ƙasar Indiya: Haƙƙin Wanda Ya Riga da Haƙƙin Wanda Aka Tsare

 

Ku sani, Allah ya yi muku albarka, abin da zan faɗa yau labarin wata rigima ce ta ƙasar Indiya, rigimar ma'aikatan gwamnati a kan ƙarin girma. Ni ban shiga makarantar boko ba, allo da tawada su ne nawa. Amma ina da ƙane wanda ya yi karatu a can, ya komo da takardun hukuncin alƙalansu, muka riƙa zama bayan lisha yana karantawa yana fassara mini, ina tambaya yana amsawa, har na gane mas'ala ce irin wadda ma'abuta fiƙihu suke so. Haƙƙi biyu ne suka yi karo a ƙofa ɗaya, kowannensu kuwa gaskiya ne. Rabon da ke tsakanin mai gaskiya da maƙaryaci ba shi da wuya ga alƙali. Wanda ke hana alƙali barci shi ne rabo tsakanin masu gaskiya biyu.

Fasali na farko, a kan asalin mas'alar. Mutanen Indiya sun daɗe a rabe jinsi jinsi bisa haihuwa, ɗa ya gaji matsayin ubansa da sana'arsa, ba ya fita daga ciki har ya mutu. A can ƙarƙashin kowa akwai waɗansu jama'a da ake cewa taɓa su ƙazanta ne, yau ana kiransu Dalit. Aikinsu jima, da shara, da ɗauke mushe, da kwasar najasa. An hana su ɗiban ruwa a rijiyar gari, an hana su shiga ɗakin ibada, an hana 'ya'yansu zama tare da sauran yara wurin karatu. Akwai kuma ƙabilun daji da duwatsu, waɗanda ake kira Adibasi, su nisa da hukuma da makaranta ya bar su a baya. Ƙidayar shekarar 2011 ta nuna na farkon sun kai kashi 16 da ɗoriya cikin 100 na mutanen ƙasar, na biyun kuwa kashi 8 da ɗoriya.

Daga cikin Dalit ɗin nan aka haifi wani mutum a 1891, sunansa Ambedkar. Yana yaro a makaranta, waje ɗaya ake ware shi, in ƙishirwa ta kama shi sai an sami mai tsiyayo masa ruwa daga sama, don kada hannunsa ya taɓa mazubi. Ya yi karatu har Amurka da Landan. A 1927 ya ja taron mutanensa zuwa wani tafki a garin Mahad suka sha ruwa a fili, abin da aka hana kakanninsu. Shi ne ya shugabanci kwamitin da ya tsara rubutun tsarin mulkin Indiya, wanda ya fara aiki ran 26 ga Janairu 1950. Sashe na 17 ya soke wannan ƙyama, sashe na 16 ya ce kowa daidai yake wajen neman aikin gwamnati, sa'an nan ya ba hukuma izini ta keɓe gurabe ga waɗanda aka bari a baya. A aikin gwamnatin tarayya an keɓe wa Dalit kashi 15 cikin 100, ƙabilu kuwa kashi 7 da rabi.

Fasali na biyu, a kan inda rigimar ta tashi. Keɓe gurbi a ranar ɗaukar ma'aikaci abu ɗaya ne, keɓe shi a ranar ƙarin girma wani abu ne dabam. Wanda aka hana aiki a ƙofa ya tafi gida, ba ya ganin wanda aka ɗauka. Wanda aka tsallake a ƙarin girma kuwa, kullum safiya sai ya gaida wanda ya tsallake shi. A 1961, cikin wata ƙara ta ma'aikatan reluwe, Kotun Ƙoli ta ce ya halatta a keɓe gurbi har a ƙarin girma. A Nuwamba 1992 alƙalai tara suka zauna a kan ƙarar da ake kira ta Indra Sawhney, suka ce keɓewa tana tsayawa a ƙofar shiga, ba ta hawa bene, kuma jimillar abin da ake keɓewa kada ya wuce rabi. Suka ba da wa'adin shekara biyar a daina. Wa'adin bai cika ba majalisa ta gyara tsarin mulki a 1995, ta mayar da keɓewa a ƙarin girma ga Dalit da ƙabilu.

To, ga curin mas'alar, ku kasa kunne, ya ku almajirai. Mu ɗauki Zaidu da Amru na littattafan nahawu. Zaidu ya shiga aikin akawu, bayan shekara uku Amru ya shigo, Zaidu ne ma ya koya masa riƙon fayil. Amru yana cikin waɗanda aka keɓe wa gurbi, saboda haka da gurbinsu ya faɗi aka ɗaga shi ya zama babban akawu, Zaidu yana nan. Bayan shekara biyu aka ɗaga Zaidu, suka sake haɗuwa a daraja ɗaya. Yanzu kujera ɗaya ta faɗi a samansu. Wane ne babba? Wanda ya riga shiga aiki, ko wanda ya riga hawa wannan daraja?

Alƙalan Kotun Ƙoli, a hukunce-hukuncen 1995 da 1996 da 1999, suka ce in Zaidu ya cim ma Amru kafin Amru ya sake hawa, girmansa na da ya komo masa. Wannan ita ce ƙa'idar cimmawa. Majalisa ba ta yarda ba. A 2001 ta sake gyara tsarin mulki, ta ce Amru ya riƙe girman da hawansa ya jawo masa, ta kuma mayar da hukuncin baya har zuwa 17 ga Yuni 1995. Kun ga ke nan alƙali ya ɗaura, majalisa ta kwance, ma'aikaci yana tsakani.

In wani ya ce: ai maganar a fili take, wanda ya riga ka barci shi zai riga ka tashi, Zaidu bai hana kowa rijiya ba, don me za a biya bashin kakanni daga albashinsa? Sai in ce: maganarka tana da ƙarfi, ban raina ta ba. Shekarun da mutum ya zuba a aiki dukiyarsa ce, da su ya yi lissafin auren 'ya'yansa da abin da zai ci bayan ya bar aiki, domin fensho yana bin darajar da mutum ya sauka a kanta. Wanda aka tsallake ba kunya kaɗai ya sha ba, abincin tsufansa aka rage.

In wani kuma ya ce: ina amfanin layi ga mutanen da aka hana su kusantar rijiya shekaru aru aru? Wanda ke gaba a layi ya sami gaban ne tun lokacin da aka kore su. Kuma shugaban da ke rubuta shaidar ma'aikaci a asirce sau da yawa daga jinsin sama yake, in ƙyama tana cikin zuciyarsa za ta sauko cikin alƙalaminsa. In aka buɗe musu ƙofa aka rufe matakala, za su cika zaure su bar bene ga masu shi na da. Sai in ce: kai ma maganarka tana da ƙarfi, mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo.

Malamaina sun fi ni sanin cewa magabata ma sun saɓa a kan matsayin rigaye. Sayyidina Abubakar ya raba dukiyar baitulmali daidai tsakanin mutane, bai fifita wanda ya riga ba. Sayyidina Umar ya fifita bisa rigaye, ya yanka wa mutanen Badar dirhami 5,000 a shekara, na bayansu ƙasa da haka. Mas'alarsu ba ita ce ta Indiya ba, ban kawo ta don in yi ƙiyasi ba. Na kawo ta don abu biyu. Na farko, mai ganin rigaye da mai ganin daidaitawa duk suna iya zama masu neman adalci, kada ɗayansu ya kira ɗan'uwansa azzalumi tun bai ji hujjarsa ba. Na biyu, da Umar ya tashi fifitawa sai ya kafa diwani, aka rubuta sunaye da adadi, kowa ya san abin da ya samu da dalilin samunsa. Wannan na biyun shi ne jigon maganata yau. Duk mai son ya fifita wani a kan wani da sunan adalci, to, ya fito da mudu ya auna a gaban jama'a.

Fasali na uku, a kan yadda alƙalansu suka nemi mudu. A 2006, cikin ƙarar Nagaraj, alƙalai biyar suka ce gyare-gyaren majalisa sun inganta, amma da sharaɗi uku. Hukumar da ke son keɓe gurbi a ƙarin girma sai ta kawo ƙidaya mai nuna jama'ar nan suna baya, ta kawo ƙidaya mai nuna ba su da isasshen wakilci a aikin, ta kuma nuna aikin hukuma ba zai lalace ba, kamar yadda sashe na 335 ya nema. A 2018, cikin ƙarar Jarnail Singh, aka ɗauke sharaɗi na farko, domin shigar da jama'a cikin jerin da tsarin mulki ya tanada ta isa shaida a kan halinsu. Sauran biyun suka tsaya. A 2020 kotun ta ce babu ma'aikacin da zai tilasta wa hukuma ta keɓe masa gurbi a ƙarin girma, izini ne aka ba hukuma, ba a wajabta mata ba. A Janairu 2022 ta ƙara bayani, ta ce ƙidaya sai a yi ta rukunin aiki rukunin aiki, kada a tara masu shara da manyan sakatarori a ƙwarya ɗaya a ce ai ga su nan da yawa.

Ku duba abin da ya sami jihohin da suka yi rabo ba awo. A jihar Uttar Pradesh kotu ta rushe dokarsu a 2012 don babu ƙidaya. Gwamnatin tarayya ta kai ƙudurin sabon gyara, majalisar dattawansu ta amince a Disamba na shekarar, ma'aikatan jihar masu ƙin abin suka shiga yajin aiki, a majalisar wakilai kuwa wani ɗan majalisa ya fizge takardar daga hannun minista, ƙudurin bai wuce ba har ya mutu. A jihar Karnataka an yi doka a 2002, aka ɗaga mutane bisa gare ta shekara goma sha biyar, sa'an nan a 2017, bisa ƙarar waɗansu injiniyoyi, kotu ta rushe ta, aka fuskanci sauke ma'aikata dubbai daga kujerunsu. Sai a lokacin gwamnatin jihar ta naɗa kwamiti ƙarƙashin wata babbar ma'aikaciya, Ratna Prabha, aka ƙidaya, aka yi sabuwar doka a 2018, kotu ta tabbatar da ita a Mayu 2019. Ƙidayar da aka gama cikin 'yan watanni ita ce aka ƙi yi tun da fari.

Wadda ta fi ba ni tausayi ita ce jihar Madhya Pradesh. A Afrilu 2016 babbar kotun jihar ta rushe ƙa'idojin ƙarin girma na 2002, aka ɗaukaka ƙara, ƙarin girma ya tsaya cik wajen shekara tara, sai a 2025 gwamnatin jihar ta fitar da sababbin ƙa'idoji. A tsakanin nan mutane masu yawa suka tsufa suka bar aiki a darajar da rigima ta tarar da su. Zaidu bai hau ba, Amru bai hau ba. Su biyun suna faɗa a bakin matakala har aka kira su sallamar aiki.

Fasali na huɗu, a kan abin da na fahimta, in na yi kuskure malamaina su gyara mini. Keɓe rabo ga wanda aka zalunta yana da wuri a cikin adalci, amma magani ne, magani kuwa da awo ake sha. Ina ganin sharaɗi huɗu.

Na ɗaya, a ƙidaya kafin a raba, a kuma bayyana ƙidayar. Zaidu yana iya haƙuri in aka nuna masa cewa a cikin manyan kujeru ɗari na rukuninsa mutanen Amru ba su riƙe ko biyar ba. Abin da ba ya haɗiyuwa gare shi shi ne a tsallake shi a ce masa haka nan doka ta ce. Kuma ƙidaya ita ce mai faɗin ranar da magani ya isa a sauke shi.

Na biyu, a duba rabon ga wa yake isa. Alƙalan Indiya sun yi misali da maiƙon da ke tasowa a kan nono, suna nufin waɗanda suka riga suka wadata a cikin jama'ar da aka keɓe wa gurbi. Tun 1992 aka ce a cire su daga rabon sauran jinsunan da ke baya, waɗanda aka keɓe wa kashi 27 cikin 100 a ɗaukar aiki. A 2018 kotu ta ce ana iya yin haka ga Dalit da ƙabilu ma. A Agusta 2024 alƙalai bakwai suka halatta wa jihohi su kasa rabon Dalit kashi kashi, don na can ƙasa su samu, amma a cikin watan nan gwamnatin tarayya ta ce ba za ta cire mawadatansu ba. Masu goyon bayanta suna cewa dukiya ba ta wanke ƙyama, ɗan Dalit ko ya zama babban sakatare ana tuna masa asalinsa. Wannan gaskiya ce. Amma ɗan babban sakatare da ɗan mai kwasar najasa in suka yi tsere a kan gurbi ɗaya, kun san wanda zai ci. Rabon da aka yanka da sunan mai yunwa, in ƙoshasshen ɗan'uwansa ne ke cinye shi kowace shekara, yunwar tana nan inda take.

Na uku, kujera amana ce ta talakawa kafin ta zama rabon ma'aikaci. Injiniyan da zai gina gada da likitan da zai yanka ciki, dole a sa iyakar gwaninta wadda ba a sauka ƙasa da ita don kowa. Sai dai a yi hattara da masu fakewa da kalmar cancanta. Alƙalan 2019 sun yi gargaɗi cewa cancanta ba makin jarrabawa kaɗai ba ce, domin yaron da ya taso a gidan littattafai da wanda ya taso a bakin juji ba daga wuri ɗaya suka fara tafiya ba. Daɗewa a kujera ma ba ita ce gwaninta ba, mun ga wanda ya shekara talatin bai iya abin da yaronsa ya iya a uku ba.

Na huɗu, laifin hukuma kada a ɗora shi a kan akawu. Wanda aka ɗaga bisa dokar da ke aiki a ranar bai yi sata ba. In daga baya aka ga hukuma ba ta ƙidaya ba, sauke shi a gaban yaransa zalunci ne sabo a kan tsoho. Haka wanda aka tsare shekara tara yana jiran hukunci. Jinkirin shari'a shi ma hukunci ne, sai dai ba alƙalin da ya sa masa hannu, ba kuma inda za a ɗaukaka shi.

In wani ya ce: ina ruwanmu da Indiya? Sai in ce: in gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. A Nijeriya tsarin mulkin 1979 ya shigo da ƙa'idar cewa aikin gwamnatin tarayya ya game sassan ƙasa, kada wata jiha ko ƙabila ta mamaye, aka kafa hukumar raba daidai a 1996, tsarin mulkin 1999 ya riƙe ƙa'idar a sashe na 14. Tasu bisa jinsin haihuwa take, tamu bisa jiha, ba ɗaya ba ne. Amma tambayar ɗaya ce. Mu da ake cewa an bar mu a baya a karatun zamani, gurbin da ake karɓa da sunan jiharmu, ɗan wa ke shiga? Ɗan manomin ƙauye, ko ɗan wanda ya riga ya hau? Ba na son in ji amsa daga bakin kowa, a kawo ƙidaya mu gani. Kuma kowa ya sani gurbi a saman bene ba ya amfanar yaron da bai taka makaranta ba. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, gyaran da aka ƙi yi a ajin farko ba ya yiwuwa a ranar rabon kujeru.

Ya ku almajirai, a cikinku akwai waɗanda za su riƙe alƙalami a ofis, wata rana a miƙo musu jerin sunaye a ce su zaɓa. Ran nan za ku sami Zaidu a dama yana ƙirga shekarunsa, Amru a hagu yana ƙirga na kakanninsa. Kada ku ce wa ɗayansu maƙaryaci. Ku nemi littafin ƙidaya, ku rubuta dalilinku a fili yadda wanda bai samu ba zai iya karantawa, kada kuma ku bar takardar mutum ta kwana shekara a kan teburinku. Wanda aka tsallake da hujja bayyananna yana jin zafi, ya warke. Wanda aka tsallake a ɓoye kuwa, ƙullin yana binsa har gida, ya gadar wa 'ya'yansa.

Wannan shi ne abin da ya sawwaƙa. Abin da na faɗa daidai daga Allah ne, kuskuren kuwa nawa ne, ina roƙon malamaina su yafe mini tsawaitawa. Allah ya ba shugabanni ikon auna wa talakawa da mudu ɗaya, ya tsare mu daga cin haƙƙin wanda ya riga mu da na wanda aka bari a bayanmu. Amin. Wassalamu.